Mai Shela da Haƙoransa Masu Fito

Shekarunsa sittin da bakwai, kuma shi ne mai shela a tashar mota tun kafin a yi wa rumfar fasinjoji rufin kwano. Ɗakinsa taga ɗaya ce, lasifika a sama, kofin shayi a gefe. Kalamansa kowa ya haddace su: "Saura minti shida, sai a tashi."

Bara haƙoransa na gaba suka zube, 'ya'yansa suka sa aka yi masa na roba. Sun yi kyau a hoto. Amma da ya koma aiki, duk inda "sa" ko "sha" ta faɗo a bakinsa, sai wani siririn fito ya biyo ta, lasifika ta ƙara masa ƙarfi. Direbobi suka riƙa amsa masa da hon. A gida ma bai tsira ba.

"Malam, ashe tsuntsu na aura," in ji matarsa. "Ce min sannu in ji."

Shugaban tasha kam bai yi dariya ba. Ya ce fasinjoji ba sa gane shelar, har mota ta bar wasu. In abin bai gyaru ba, wani zai karɓi kujerar.

Mai shela ya gwada dabara. Maimakon shida, sai ya ce "biyar da ɗaya". Dariya ta ƙaru.

Ya koma wurin matar da ta haɗa haƙoran. Ba ta ce ya buɗe baki ba.

"Baba, tashi tsaye ka yi min shela kamar kana tasha."

Ya yi, ta kasa kunne. Ta ce hanyar iska ce ta matse tsakanin harshe da bayan haƙoran. Ta cire su, ta goga da ɗan injinta, ta mayar.

"Sake, Baba. Da ƙarfi, ba gulma muke yi ba."

Haka suka yi ta yi. Da muryar ta fito tas, wata tsohuwa a ɗakin jira ta ɗauki jakarta tana tambayar ina motar.

Kujerarsa tana nan. Direbobi dai suna ƙorafin an raba su da waƙarsu. Jiya da yamma, bayan ya gama shela sarai, ya matso da baki ya yi musu fito ɗaya da gangan. Tasha ta ɗauki hon.