Abin da Na Rubuta a Bayan Littafin Addu'a

Ƙanena ya bugi wani makiyayi da sanda a bakin rijiya, kan hanyar Gidigir. Mutumin bai kai la'asar ba, Allah ya jiƙansa. Ƙanena ya ce murya ya ji daga cikin guga tana cewa makiyayin ya zuba guba a ruwa. Jandarmomi suka kawo shi Gure a ɗaure.

Shekara tara ciwon taɓin hankali yana zuwa wa ƙanena yana tafiya, amma ba mu taɓa kai shi asibiti ba. Muna da ƴan mata a gida, kuma ba a neman aure a gidan da aka ce akwai hauka. Da jandarma ya tambayi mahaifiyarmu, sai ta faɗi abin da ta saba faɗa wa kowa: "Lafiyarsa ƙalau." Maƙwabta ma suka rufa mana asiri. Aka rubuta, aka dangwala.

Alƙali ya sa a kai shi Damagaram wurin likitan masu taɓin hankali, a gano ko yana cikin hayyacinsa ranar. Na bi su. Likitan ya ce mini, "Malam, takardun nan sun ce lafiyayye ne. Nawa binciken zan yi, amma in babu shaidar cewa ciwon ya riga laifin, ana iya yi masa hukuncin wanda ya kashe da gangan."

Akwai shaida a hannuna. Duk lokacin da ciwon ya tashi nakan yi masa rubutun sha, sannan in rubuta da ajami a bayan littafin addu'o'ina: wane wata ne, kwana nawa bai runtsa ba, me ya ce. Har ranar da muka ɗaure shi a turken akuya tana ciki.

Na koma gida na gaya wa mahaifiyarmu zan kai littafin.

Ta ce, "Ƙannenka mata fa?"

Na ce, "Inna, shi ma naki ne."

Likitan bai iya ajami ba. Ni na karanta masa, shafi bayan shafi, yana rubutawa da Faransanci.

Alƙali ya ce ƙanena ba ya cikin hankalinsa ranar, ba a kai shi gidan kaso ba. Asibiti aka tsare shi, yana can har yau. Dangin mamacin sun daina amsa sallamarmu, ban ga laifinsu ba. Kafin damina, waɗanda suka kawo kayan neman auren ƙanwarmu suka aiko a mayar musu. Inna ta ƙulle kayan a zane ta miƙo mini in kai, ba ta dube ni ba.