Faifan da na sayo a hayin iyaka

Shekarar da soja suka ce za su mayar wa farar hula mulki, ina da ɗan shago kusa da tashar Gidan Rumji, ina buga wa mutane takardu. Lakol ɗina, wato karatun boko, bai yi nisa ba, amma ina iya buga faransanci. Da odinatar, wato kwamfutar da nake aiki da ita, ta fara tsayawa, sai na sayo faifan zuba mata sabon tsari a wata kasuwa ta hayin iyaka. Mai sayarwa ya ce an gyara shi, ba ya neman lambar izini. Ban tambayi wanda ya gyara ba. Da na zuba, hoton wani baƙin kare ya fito a gilashin. Raina bai kwanta ba, amma na ga tana gudu, na ci gaba da aikina.

Taubashina tela ne, kekensa na bakin ƙofata shekara da shekaru. Jam'iyyarmu ba ɗaya ba. Kullum sai ya leƙo ya ce, "Bawana, yau ƙaryar wa kake bugawa?"

Ƴan takarar konseye, wato kansila, na jam'iyyata daga Sae Sabuwa suka kawo takardunsu, saura kwana biyu a rufe karɓa. Na buga, na tafi azahar, na bar wa taubashina shago yadda na saba. Da na dawo, duk takardun da ke cikin odinatar sun ƙi buɗuwa.

A gaban mutane na ce masa, "Kai ka taɓa ta?"

Ya yi dariya. "Ni da ban san inda ake kunna ta ba?"

"Wa ya aiko ka?"

Dariyar ta ɗauke. Ya ci gaba da ɗinkinsa, ni kuma na sake bugawa tun daga farko.

Bayan mako guda na kai odinatar Maradi wurin mai gyara. Ya daɗe yana dubawa, sannan ya ce, "Baba, wanda ya cire makullin faifan nan ya bar wa kansa ƙofa. Duk sanda ka haɗa intanet, yana iya shiga ya ɓata abin da ya so. Kuma kayan sata ne. In masu shi suka kai ƙara, kai za a kira."

Ko da na koma, tela ya kwashe kekensa zuwa bayan kasuwar hatsi. Na bi shi, na faɗa masa komai, na ba shi haƙuri.

"Ya wuce, Malam," ya ce, bai ɗago kai ba.

Har Allah ya karɓi ransa muna gaisawa, amma bai ƙara ce mini bawana ba.