Taswirar Kawu Inuwa

Duk wanda ya san Kawu Inuwa ya san ba a gama gaisuwa da shi sai ya tambayi lambar gida. Kana faɗa masa, sai ya lumshe ido ya zayyano maka mazaɓarka ta kansila, da ta ɗan majalisar jiha, da makarantar da ake ajiye akwatinku, har ƙofar da ake shiga. Wallahi ban taɓa kama shi da kuskure ba, kuma na nema! Ni 'yar ƙanwarsa ce, a gidansa na unguwar Stapleton a tsibirin Staten na sauka da na zo ƙasar nan, na sha wannan karatu safe da yamma.

Abin mamakin, mutumin nan ba shi da ƙuri'a. Shekara da shekaru yana gadi a wani kanti kusa da tashar jirgin ruwa, yana jiran takardar zama ɗan ƙasa. Burinsa ɗaya tak: ya jefa ƙuri'a ko sau ɗaya a mazaɓarsa. Kafin ranar ta zo sai ya haddace tsibirin Staten kaf. Duk Lahadi da ƙafa yake bin iyakokin, riƙe da wata taswira da ya samo kyauta, wadda ta sha salatif har ta fi kwali tauri. Na ce zan saya masa sabuwa, ya harare ni ya ce, "Sabuwar ta san inda na taka?"

Kun tuna rigimar gida? Mai gidan hayarsu ya ba su wani a tsallaken titi, mai ɗaki biyu da na'urar ɗumama ɗaki mai aiki. Inna Hajara, matarsa, har ta ɗaure kaya. Kawu ya fita ya tsaya a tsakiyar titi da taswirarsa, motoci suna ta danna masa oda, ya dawo ya ce a kwance kayan.

"Haba Malam, taku ashirin ne fa!" in ji Inna.

"Taku ashirin, amma wata mazaɓa ce. Iyakar ta bi ta tsakiyar kwalta. Duk jiran da na yi wa akwatin nan, sai in tsallaka in zama baƙo?"

"To sanyin fa?"

"Sanyin ma na mazaɓarmu ne, mun san halinsa."

Haka suka ci gaba da kwana da safa biyu-biyu.

Sai ranar wani suna a unguwar Mount Hope, da aka ajiye wa maza tiren shinkafa. Kawu ya ce a dakata. Ya sa cokali ya raba shinkafar uku, yadda tsibirin yake: arewa a gabansa, tsakiya, da kudu. Aka duba, ashe naman duk ya gangara kudu. Ya girgiza kai ya ce, "Kun gani? Ko a tire haka abin yake, rabo mai tsoka na 'yan kudu ne." Sannan a hankali ya sake jan layin, ya lanƙwasa shi har tsoka biyu suka faɗo arewa. Mutane suka yi caa. Ya ce, "Ku yi haƙuri, bayan kowace ƙidaya ana sake shata iyaka."

Ni na riga shi samun takarda, abin da har yau yake mini nauyi. Ranar zaɓena na farko na tafi makarantar da na saba ganin maƙwabta suna layi, aka duba aka ce babu sunana. Ga shi saura awa ɗaya in karɓi aiki wajen tsohuwar da nake jinya. Na kira shi ina huci.

"Rabi, wa ya aike ki can? Tun bara aka yanke layinku daga wannan akwatin. Ki bi gefen cocin, ki gangara, gidan tsofaffi, ƙofar baya."

Na je, ga sunana kuwa ɓaro-ɓaro! Ina fitowa na same shi a bakin ƙofa cikin rigar gadi, ya baro aiki. Bai tambaye ni wa na zaɓa ba. Murya ƙasa-ƙasa ya ce, "Takardar ƙuri'ar tana da kauri a hannu?" Na miƙa masa 'yar sitikar da ake manna wa wanda ya yi zaɓe, ya mayar mini da hannuna. "Riƙe abinki, tawa tana tafe."

Takardarsa ta zo kuwa. Ya yi rantsuwa, ya yi rajista a ranar, ya dawo ya rubuta lambobin mazaɓunsa da wurin akwatinsa da fensir a bayan taswira. Saura 'yan makonni zaɓe ciwon zuciya ya ɗauke shi. Mutumin da ya ƙi tsallaka titi, mu muka tsallaka da shi gada zuwa maƙabarta a New Jersey.

Bayan sadakar bakwai katinsa na zaɓe ya iso ta gidan waya. Inna ta miƙo mini ta ce in karanta mata. Na ɗauko taswirar na haɗa su, lamba da lamba, ko ɗaya bai kuskure ba. Na yi kuka ranar fiye da ranar jana'iza. Da zaɓen ya zo na jefa tawa, na kawo sitikar na manna a jikin taswirar, daidai kan gidansa.

Allah ya jiƙanka, Kawu. Allah ya sa in ka isa ƙofa a duba a ga sunanka, kada a ce maka ka koma wani wuri. Amin.