Sundus Mai Ɗaukar Hannaye

Sundus 'yar ƙanwata ce, a unguwar Uhudu aka haife ta, nan ƙasa mai tsarki, kuma fim take yi. Ba kamfani, ba ubangida. Da safe tana kantin magani, da la'asar ta rataya kyamara. Ni nake kai ta a tasina, kuma duk fasinjan da ya shigo sai ya sha labarinta, ko yana so ko ba ya so.

Tsofaffin matanmu, waɗanda iyayensu suka zo hajji suka zauna, ba sa yarda a ɗauki fuskarsu. Da wani ne da ya haƙura. Sundus sai ta sunkuyar da kyamarar. Finafinanta duk hannaye ne, na mai cura fura, na mai juya waina. Ba kiɗa, kyamarar ba ta motsi, sai muryar mai hannun.

Wadda ta fi ba ta wuya ita ce Iyatu ta unguwar Aƙiƙ, tsohuwa ta ƙarshe cikin waɗanda suka zo a ƙafa tun suna yara. Sundus na son labarin hanyar, sai ta roƙe ta da Larabci, don kamar sauran yaranmu tana jin Hausa amma bakinta ya ƙi.

"Ya binti," in ji Iyatu, "da Hausa na taka hanyar nan. Ki tambaye ni da Hausa, in ba haka ba, halas, magana ta ƙare."

Yarinyar nan ta yi watanni tana zuwa tsince mata shinkafa, tana kwaɓa Hausa, tsohuwa na yi mata dariya har da tari. Tarin nan ya tsorata ni, don kullum ƙarfinta raguwa yake. Na ce wa Sundus ta bari in yi mata tafinta, ta ce, "Kawu, a'a." Taurin kan nan namu ne, kuma ina alfahari da shi.

Wata rana ta kafa kyamara ta ce da Iyatu, "Jadda, kakata, ke da su wa kuka taso?"

Iyatu ta fara lanƙwasa yatsu tana kiran sunaye. Da ta zo kan ɗan ƙaramin yatsan, sai ta riƙe shi ta yi shiru. Sundus ba ta yanke shirun ba, haka ta bar shi a fim. Ashe yatsan nan na ƙanen Iyatu ne, zazzaɓi ya kashe shi a Sudan, aka binne shi gindin wata bishiya, ayari ya wuce.

A tsakar gidan tsohuwar aka fara nuna fim ɗin. Babban ɗanta Rilwanu na zaune, gemu fari fat, sai ya ji muryar uwarsa a fim, bayan shirun nan, tana cewa game da ƙanen nata, "Sunansa Rilwanu." Ya tashi ya durƙusa gabanta.

"Yumma, ba ki taɓa gaya mini ba."

"Ba wanda ya taɓa tambayata," in ji ta. "Sai ita."