Tsohuwar da Ta Hana Ni Sunkuyar da Kai

Sau biyu ina faɗuwa jarrabawar likitocin nan, kuma duk a ɗaki ɗaya, inda ake sa likita ya gaya wa majinyaci mummunan labari. Dama ɗaya ta rage mini. In na sake faɗuwa, aikin asibitin ya tafi, biza ta bi shi, sai in tattara in koma Kano. Ni da ko gwajin aji ban taɓa faɗuwa ba, abin ya ci mini rai ƙwarai.

Tsohuwar da ke hawan ƙasa da nawa a benenmu na unguwar Moss Side ce ta gano matsalata. Baturiya ce, 'yar wasan kwaikwayo tun tana budurwa. Ta yi sarauniya a dandamali, ta yi nas a talabijin, ta ce kashe ta da aka yi a fim ya fi a ƙirga. A shekarun tsuke bakin aljihu ƙaramar hukuma ta janye tallafinta, ƙaramin gidan wasan da take aiki ya rufe. Sai ta koma majinyaciyar haya: a rubuta mata cuta a takarda, ta haddace, ɗaliban likita su gwada kansu a kanta.

"Zauna," ta ce ranar farko a kicin ɗinta. "Ina da ciwon kansa. Gaya mini."

Na ce, "Mama, sannu..."

"Ni ba uwarki ba ce. Kuma me kika ajiye a ƙasa da kike ta kallo?"

To ta ina zan fara? A gidanmu ba a zuba wa babba ido. Mara lafiya kuwa, ko yana gargara, da sauƙi ake ce masa, gaskiyar sai a ja ɗansa waje a raɗa masa. Ita ta ce a nan in ka sunkuyar da kai, ɗauka za a yi ƙarya kake ko ba ka damu ba. Kullum da hantsi muke yin gwajin. Da na kauda ido sai ta ƙwanƙwasa tebur da cokali. Kukanta kamar famfo, ta buɗe ta rufe, sannan ta tambaye ni ko zan ƙara shayi. Wallahi wani lokacin ji nake kamar in shaƙe ta.

Ana gobe zan tafi Birmingham, inda za a yi jarrabawar, ta turo mini wata takarda. "Ta ƙarshe ke nan," in ji ta.

Na fara karantawa ina daidaita fuska. Kansar hanji, ta bazu zuwa hanta. Sai idona ya kai kan tambarin asibiti. Na ga sunanta, na ga lambar gidanmu.

"Ina jiranki, likita."

Kaina ya sunkuya da kansa. Saura kaɗan in ce mata "da sauƙi". Na jira ƙarar cokalin, shiru. Shirun nan ne ya tsorata ni na ɗago. Na dube ta cikin ido na gaya mata abin da takardar ta ce, na gaya mata ba a maganar warkewa.

Ba ta yi kuka ba. Matar da ta sha zubar mini da hawayen ƙarya, ko ɗigo.

"Tun makon jiya aka gaya mini," ta ce. "Amma likitan kwamfuta yake kallo. So nake in ji daga wanda ke kallona."

A unguwar Small Heath ta Birmingham na sauka, gidan ƙanwar mahaifiyata. Ta yi ta fama in ci tuwo, na kasa. Washegari a ɗakin jarrabawa wani dattijo aka zaunar mini, shi ma na haya. Ban sauke idona daga fuskarsa ba har aka buga ƙararrawa.

Kafin sakamako ya fito an kwantar da ita. Da ya fito, na kai mata takardar sakamakon har gadon asibiti. Ta rame, sai idanun.

"Na ci, Mama."

Na tsaya ina jiran gyaran da ta saba yi mini. Ta laluba ta kama hannuna, ba ta gyara ba.