Matar Da Ta Hana Mu Ɓoye Baburanmu

Bu Sumirah takan riga kowa tashi. Ta dafa wa ma'aikatanta shinkafa, ta sauka bakin ruwa neman kwale-kwalen da zai ɗauki kaya. Furodusa ce. Ba ta riƙe kyamara, ba a ganinta a fim, amma in babu ita babu fim. Ta tsufa tana shirya finafinan rayuwar mutanen gaɓar tsibirin Java. Bana ta ajiye aiki, gwiwoyi sun ƙi.

Teku na cin ƙauyenmu. Masu fim sun sha zuwa, har muka gane abin da suke so. Da an ce suna tafe, sai a ɓoye babura, a rufe talabijin da buhu, a cire wa yara takalma. Bayan fim akan aiko da agaji, shi ya sa.

Shekarun baya, ranar da ta zo ɗaukar fim a ƙauyenmu, kakana Mbah Tarjo ya sa yagaggiyar riga ya zauna a ƙofa.

Ta dube shi. "Mbah, jiya na gan ka da riga fes za ka masallaci. Ɓera ya cinye ta?"

"'Yata, ai haka 'yan'uwanki suke so."

"Ban da ni. Tashi ka sako ta jiya. A kuma fito da babur ɗin can da aka lulluɓe da ganyen ayaba, madubinsa na leƙo ni."

Mata suka kwashe da dariya. Kakana ya shige ɗaki, ya daɗe bai fito ba.

Yadda muke ta ɗauke mu. Kamfanin da ya ɗauki nauyin fim ɗin ya kalla, ya ce babu hawaye, ya janye. Ta ƙarasa shi da kyar. Agaji bai zo ba. Mai unguwarmu Pak Darmin ya tare ta a hanya. "Bu, kin zo kin kashe mana kasuwa."

Ta ce, "Pak, jikokinka za su kalla."

Ba wanda ya raka ta bakin ruwa.

Yanzu teku ta cinye unguwar. Kakana ya rasu, gidansa na cikin ruwa. Kwanan baya aka haska fim ɗin a farfajiyar makaranta. Ga kakana nan cikin farar riga, furanni a gwangwani a ƙofarsa, yana zuba wa baƙi shayi. Ƙanwata da ba ta san shi ba ta ja hannuna. "Yaya, ashe kakanmu ɗan gayu ne?"

Na kasa ɗaga kai. Saura kaɗan ta gan shi cikin tsumma.

Ke ce kika tsare mana mutuncin da mu da kanmu muka kai kasuwa, Bu Sumirah. Godiyar da muka hana ki a lokacin, ga ta, ta makara. Allah ya ba gwiwoyinki sauƙi.

Ku masu kyamara, in kun iske tsoho cikin tsumma a ƙofarsa, ku yi irin nata. Ku tambaye shi ina rigarsa ta jiya.