Buhun Garin da Serafiina Ta Mayar

A ƙauyenmu har gobe ana cewa Serafiina, taubashiyata, ta jefa ƙuri'a sau bakwai a zaɓen farko na Finland, wai duk fitowa sai ta sauya kallabi ta koma layi. Ƙarya ce tsagwaronta, ni ne ma na ƙirƙiro ta. Ko sau ɗaya ba ta jefa ba.

A 1906 aka ce kowa zai yi zaɓe, mace da namiji, mai gona da ɗan ƙwadago. Abin da masu jawabi ba su ɗaga murya a kansa ba shi ne, wanda ke cin tallafin matalauta na gunduma ba ya cikin wannan kowa ɗin. Serafiina kuwa, tun da itace ya danne mijinta a daji, buhun garin gunduma ne ke riƙe da ita.

Da ta ji haka, sai ta ɗora buhun a kan katakon jan kaya a ƙanƙara, ta ja shi har ƙofar shugaban hukumar tallafi.

"Ga garinku, ranka ya daɗe. A sa sunana."

"Baiwar Allah, me za ki ci?"

"Abin da kakata ta ci."

Ɓawon itace take nufi. Duk hunturun nan shi ta daka ta yi burodi, ta rame har sai ta tsaya sau biyu kafin inuwarta ta fito. Kullum tana koyon jan layi da gawayi a bangon sauna, ɗakin wankan tururi, don da jan fensir ake zaɓen, ita kuma ba ta taɓa riƙe fensir ba.

Ranar zaɓe a watan Maris na 1907 ta sa baƙar rigar cocinta, muka taka har makaranta. Malamin rajista ya bi takarda da yatsa, ya sake bi. Ashe tun kafin ta mayar da buhun aka rufe sunaye. Ta tsaya a waje cikin ƙanƙara, ni na shiga.

A hanyar gida na ce, "Hajjaju uwar majalisa! Yunwar wata huɗu, ko warin fensir ba ki ji ba. In ba ki yatsana ki shinshina?"

Ba ta ko juyo ba.

"Aukusti, ta taga ina kallonka. Sai da ka dubi fuskar mai gonar da kake wa aiki kafin ka ja layinka. Ni ƙwace ƙuri'ata aka yi. Kai da hannunka ka miƙa taka."